Maganar da Ramlat Ta Kai Runka

Ramlat 'yar Runka ce. Aure ya kai ta Tsaskiya, rashin zaman lafiya kuma ya kawo ta Batsari. Shekarar da ɓarayin daji suka hana mutane zuwa gonakin nesa, mijinta Kamalu ya ɗaure kayan gyaran baburansa a bayan wata a-kori-kura, ya ɗora ta a kan katifarsu tana rungume da ɗansu, suka shigo gari. Suka kama ɗaki ɗaya a wani gidan haya da ke bayan kasuwa. Shi ya sami rumfa a bakin titi, ita kuma ta kafa kaskonta a tsakar gida tana ƙuli-ƙuli da man gyaɗa, mata na shigowa saye.

Ɗan nasu, Nurain, ɗan fari ne, saboda haka bakinta bai taɓa kiran sunansa ba, sai dai ta ce "wannan yaron". Tun yana rarrafe hannuwansa da ƙafafunsa ke kumbura, ya yi ta kuka har muryarsa ta dishe. A Tsaskiya wasu sun ce sanyin ƙashi ne, wasu sun ce shawara ce tun da idanunsa na yin ɗorawa, wata tsohuwa ma ta ce a bincika ko maye ne ya kama shi. An yi jiƙe-jiƙe, an sha rubutu, an yi hayaƙi. A daminarsu ta biyu a Batsari ruwa ya dake shi yana wasa a waje, zazzaɓi ya rufe shi, kafin a gama shawarar tafiya Katsina ya cika. Ramlat ta zauna cikin masu gaisuwa idonta a bushe, yadda ake son uwar ɗan fari ta yi. Sai da aka watse sannan ta zagaya bayan ɗaki.

Lokacin tana goyon Muhsina. Ranar da ta ga yatsun yarinyar sun tasa kamar an hura su, ba ta nemi shawarar kowa ba. Ta sauke kaskon da ke kan wuta, ta tafi rumfar Kamalu ta tsaya a kansa har ya wanke hannu, suka hau motar Katsina.

A asibitin aka ɗebi jinin yarinyar, aka ce su ma iyayen a ɗebi nasu. Da sakamako ya fito, wata ma'aikaciyar jinya mai sanyin murya ta zaunar da su a wani ɗan ofis. Ta ce Muhsina na da sikila, abin da ake kira SS. Su kuma iyayen lafiyarsu ƙalau, amma kowannensu na ɗauke da rabin abin a jininsa, shi ne AS. In mai AS ya auri mai AS, kowane ciki yana iya zuwa lafiya, yana kuma iya zuwa da ciwon. Kashi ɗaya cikin huɗu ne, in ji ta, amma ba layi ake bi ba, ana iya haihuwar huɗu lafiya, ana iya haihuwar biyu a jere da shi.

Kamalu ya daɗe yana kallon baƙin man da ke ƙarƙashin faratansa. Can ya ce, "Wato mu muka ba shi. Shi wancan da ya rasu."

"Ba ku sani ba, malam," in ji matar. "Ba laifin kowa ba ne. Ku ma gado kuka yi." Ta dubi Ramlat ta ƙara da cewa, "In kina da ƙanne da ba su yi aure ba, yana da kyau su ma su gwada."

Suka hau mota suka koma Batsari.

Bayan 'yan kwanaki Ramlat ta ce da mijinta ba za ta iya sake kallon wani yaro yana irin wannan kukan ba. Bai yi musu ba. Shi da kansa ya kai ta aka yi mata allurar tazarar haihuwa. Kamalu ba mai faɗa ba ne, bai taɓa ɗaga mata murya ba, kuma ko bayan wannan bai ɗaga ba. Sai dai ya fara daɗewa a rumfa ko babu aiki. In ya shigo ya ɗauki Muhsina a hankali kamar ƙwai, ya ajiye ta da sauri, ya ci abinci yana kallon bango. Da wani abokinsa ya kira shi ya ce akwai aiki a Suleja, sai ya tafi da cewa zai ga yadda wurin yake. Yana aiko da abin cefane da na magani, ba ya fashi. Yana kira, ya tambayi jikin yarinya, ta ce da sauƙi, shiru ya biyo baya har ɗayansu ya ce sai an jima. Bai sake ta ba, bai kuma dawo ba.

Haka ta zauna, ita da Muhsina da kaskonta. Ta koyi ba yarinyar ruwa a kai a kai, ta koyi gane irin shirun da take yi kafin ciwo ya tashi. In matan gidan hayar sun tambaya, sai ta ce zazzaɓi ne mai naci. Ta san a bayan idonta suna ce mata mai wabi, wadda 'ya'ya ba sa zama a hannunta.

Muhsina ta fara magana sosai lokacin da Sadiqa ta kira a waya. Sadiqa ita ce autar ɗakinsu, Ramlat ce ta goye ta, ita ta koya mata kitso. Muryarta cike da murna.

"Yaya, an kawo gaisuwa. Bayan an cire amfanin gona za a ɗaura."

"Wa ke nan?"

"Ke ma kin sani. Muntaka mana, na Gwaggo ta Darini."

Ramlat ta san shi. Ɗan ƙanwar mahaifinsu ne, manomi, mai kunya, yana kawo wake da gero kasuwa. Tun suna yara in an je Darini biki shi ke tsinko wa Sadiqa kanya. Ta yi mata murna, ta sa albarka, ta ajiye wayar. Sannan ta zauna a bakin murhu har gyaɗar da ke kasko ta ƙone. Ba ta san ta wajen wa ta gaji abin da ke jininta ba. In ta wajen mahaifinsu ne, to, jinin nan ne ya tafi Darini.

Ta kira Kamalu ta faɗa masa.

"Ki bar mutane da Allahnsu," in ji shi. "Mu da muka sani, mi sanin ya ƙara mana?"

"Ya ƙara mana Muhsina. Da ba mu sani ba da yanzu tana inda yayanta yake."

"Wannan gaskiya ne," ya ce. "Amma dubi ni, dubi ke."

Maganar ta zauna mata a ƙirji. Ta kwana biyu tana juya ta. Ta ce a ranta wataƙila Sadiqa ba ta ɗauke da komai, wataƙila Muntaka ba ya ɗauke da komai, a yi gwaji kowa ya huta. Ta ce kuma, in ta yi shiru, ranar da za a kira ta a ce yatsun ɗan Sadiqa sun kumbura, da wane ido za ta dube ta?

Ranar kasuwar Runka ta naɗe Muhsina cikin zane biyu, ta hau babur da hantsi, lokacin da hanya ke da mutane. Gero ya yi tsayi a gefen hanya, mai babur bai rage gudu ba sai da suka hango rufin kwanon gari.

Mahaifiyarsu, Inno, ta karɓi jikarta da murna, ta yi ta juya ta tana cewa ta rame. Ita Ramlat kuwa 'yar farin Inno ce, tun tasowarta tsakaninsu sai "ke" da "an zo lafiya". Bayan azahar Sadiqa ta ɗauki kwanuka zuwa bayan ɗaki wanke-wanke, Ramlat ta bi ta, ta tsuguna tana ɗauraye mata. A nan ta faɗa mata komai, da abin da ya kashe Nurain, da abin da ke damun Muhsina, da dalilin zaman Kamalu a Suleja. Ba ta taɓa faɗa wa kowa ba, sai ta ji maganar na fita da ƙyar kamar ana jan guga mai nauyi.

Sadiqa ta share hawaye da bayan hannu saboda kumfa. Ta ce, "Yaya, kina cikin wannan duk ba ki faɗa ba?" Sai kuma ta yi 'yar dariya. "To mi ne ne a ciki? Mu je a ɗebi jinin. Ni ko ciwon kai ban cika yi ba."

"Ni ma ban cika yi ba," in ji Ramlat. "Amma ki ji, maganar nan ta tsaya tsakanin ni da ke da shi. Ko Inno kada ta ji sai mun ga abin da ya fito."

A mako na gaba Sadiqa da Muntaka suka zo Batsari da sunan sayen kayan ɗaki. Aka ɗebi jininsu a wani ɗakin gwaji da ke bakin titi. Da suka koma karɓar sakamako Ramlat ba ta bi su ba, ta zauna gida tana murza tunkuza. Tun daga sallamar Muntaka ta gane. Ya tsaya a zaure bai shigo ba. Sadiqa ta shigo ita kaɗai, ta zauna a bakin gado da mayafinta, ba ta cire takalmi ba.

"Duka mu biyun," ta ce.

Ramlat ta matso za ta dafa ta, Sadiqa ta janye kafaɗarta.

"Jiya war haka ba ni da damuwar komai a duniya. Da kin bar ni ban sani ba, Yaya."

"Da na bar ki, ciwon ba zai bar ki ba don ba ki sani ba."

"Mai gwajin ya ce kashi uku lafiya ne. Uku. Mi ya sa ke ɗayan kawai kike gani?"

Ramlat ta dubi Muhsina da ke kwance a tabarma tana wasa da murfin kwano. Sadiqa ta bi idonta da kallo, ta tashi ta fita.

Muntaka mutum ne da ba ya iya ɓoye wa uwarsa komai. Ya faɗa mata don neman shawara, ita kuma ta faɗa wa aminiyarta don ta rage nauyin zuciya. Kafin wata ya ƙare magana ta zagaye Darini ta koma Runka, amma ba yadda ta fita ba. Babu mai maganar AS ko kashi huɗu, babu mai tuna cewa shi ma Muntaka yana ɗauke da abin. Abin da ake cewa shi ne gidan su Inno akwai mugun ciwo a jini, duk wanda ya auri 'yar gidan zai yi ta binne 'ya'ya. Wata 'yar baffansu da aka kusa sa wa rana, masu nemanta suka ɗauke ƙafa ba tare da sun ce komai ba. Matan da ke aiko yara sayen daddawa wurin Inno suka ragu.

Inno ta aiko a ce Ramlat ta zo. Wannan karon ta bar Muhsina wurin wata maƙwabciya ta tafi ita kaɗai. Ta tarar da uwarta zaune a kan turmi da ya kife, tana tsince wake. Ba a kawo mata ruwa ba. Sadiqa na ɗaki, labule a sake.

"Ke," in ji Inno, ba ta ɗago ba. "Na haifi bakwai, na binne uku. Ban taɓa kai jinina wurin wani ya duba ya ce mani ni na kashe su ba. Allah ya ba ni, Allah ya karɓa. Ke da kika je kika jiyo, sai ki riƙe abinki. Mi ɗiyar baffanki ta yi maki? Mi ni na yi maki, da tsufana, ana nuna ƙofar gidana da baki?"

Ramlat na durƙushe. Ta tuna ƙaninta da ke bi mata, wanda ya rasu suna yara, yadda yake kwana riƙe da gwiwa, idanunsa ɗorawa shar. A lokacin nan ta gane abin da ya ɗauke shi, ta gane kuma cewa ba mahaifinsu kaɗai ke ɗauke da abin ba. Maganar ta zo mata har baki. Ta dubi hannuwan tsohuwar a cikin wake, ta haɗiye maganar.

"Ki yi haƙuri, Inno. Ban yi don a ji ba. Na yi don kada ta ga abin da na gani."

"To an ji," in ji Inno. "Tashi ki kama hanya tun rana ba ta yi sanyi ba."

Ta tsaya a ƙofar ɗakin Sadiqa ta yi sallama. Ba a amsa ba.

Daga baya ta ji cewa manya sun zauna, an kira liman. Liman ya ce neman sani ba laifi ba ne, fasawa ba laifi ba ne, yin auren ma bai haramta ba, a tambayi yaran. Aka tambaye su. Muntaka ya ce shi ba zai zama wanda ya guje ta ba alhali abin da ke jikinta yana jikinsa. Sadiqa ta ce ko da ta fasa, wa zai zo nemanta yanzu a Runka? Ta ce kuma ko ana layi a ƙofar gidansu, shi take so. Aka bar rana yadda take.

Ba a gayyaci Ramlat ba. Saƙon da ya zo shi ne ta zauna ta yi jinyar ɗiyarta, hanya ba kyau. Ta riga ta tanadi jarkar mai da saitin kwanuka, ta ba wani direba ya kai. Ba ta ji an ce sun isa ba, ba a kuma dawo da su ba.

Ranar kai amarya ta san dole motocin su ratsa ta Batsari kafin su nufi Darini, kuma za su yi sammako saboda hanya. Ta goya Muhsina duk da ta yi girma da goyo, ta fita bakin titi ta tsaya a gindin wata darbejiya kusa da masu sayar da rake. Ta daɗe. Sai ga a-kori-kura ɗauke da gado da kujeru, an ɗaure madubi a tsaye yana walƙiya. Bayanta wata mota cike da mata, ta gane 'yan uwanta ɗaya bayan ɗaya, ta ji guɗar wata innarsu. A tsakiya akwai wadda aka lulluɓe da farin mayafi. Motar ta rage gudu saboda rami, har Ramlat ta ɗaga hannu. Babu wadda ta waiwayo.

"Su waye, Umma?" in ji Muhsina daga baya.

"Masu biki ne," ta ce, ta juya gida.

Shekarar ta yi mata tsawo. Da damina ciwon Muhsina ya tashi sosai, aka kwantar da su a Katsina, aka ce sai an ƙara jini. Gadajen da ke kusa kowanne da 'yan dubiya, ana shigowa da kuloli da filas, ana hira. Ita kuwa in za ta zagaya sai ta roƙi mai jinyar gadon gefe ta sa mata ido. Jinin ma wani mutum ne da ya kawo matarsa haihuwa ya bayar, ba ta ko san sunansa ba. Ta riƙe wayarta sau da yawa ta nemo lambar Sadiqa, ta kalle ta, ta mayar cikin jaka.

Kamalu ya zo da babbar salla. Ya yi furfura a gemu. Ya kawo wa Muhsina takalmi mai fitila a dunduniya, ya zauna yana kallonta tana taka ƙasa don ya haska, yana dariya har da hawaye. Ramlat ta ba shi labarin Runka. Ta jira ya ce ai na faɗa maki. Bai ce ba. Ya ce, "Allah ya ba su masu lafiya." Kwanakin da ya yi, a tabarma ya kwana. Da zai tafi ya tsaya a zaure da jakarsa kamar mai son faɗin wani abu, sai ya ce ta riƙa rufe ƙofa da wuri.

Labarin haihuwar Sadiqa a bakin wata mai sayen mai ta ji shi, 'yar Darini da ke aure a Batsari. Matar ba ta san wa take faɗa wa ba.

"Namiji, tubarkalla, ƙato. Wai da an ce kada a yi auren, wai jininsu bai haɗu ba. Wata yayarta ce ta ƙulla abin, ita nata auren ya lalace. Ga shi Allah ya kunyata ta."

Ramlat ta cika mata kwalbar, ta toshe bakin da leda. Da matar ta fita ta shiga ɗaki ta yi alwala ta kai goshinta ƙasa. Ta san abin da matar ba ta sani ba, cewa ciwon ba ya nuna kansa a jariri sai ya yi watanni. Ta roƙi Allah ya sa ita ce za ta ci gaba da jin kunya. Ta san in yaron ya tashi lafiya, ba mai sake yarda cewa don alheri ta yi magana, za ta zama mai baƙin ciki a bakin dangi har ƙarshen ranta. Ta roƙi hakan duk da haka, kuma daga ranar ba ta yi sallar da ba ta sa shi a ciki ba, yaron da ba ta san kamanninsa ba.

Wata ranar kasuwa da la'asar, bayan an yi girbi, aka yi sallama a zaure. Ta fito da hijabi ta tarar da Muntaka tsaye, ƙurar buhuna a kafaɗarsa. Ya durƙusa ya gaishe ta, ta shimfiɗa masa tabarma a zauren, ta kawo ruwa. Suka yi gaisuwa mai tsawo, ya tambayi Muhsina, ta tambayi Gwaggo, ta tambayi amfanin gona. Sannan gaisuwa ta ƙare, ya rasa inda zai sa idonsa.

"Yaya, mun kai yaron an gwada," ya ce. "Ba wanda ya sani, ni da ita kawai. An ce irin namu ne, AS. Ba shi da ciwon."

Ramlat ta rufe fuska da gefen hijabi. Ta daɗe a haka. "Alhamdu lillahi," ta ce. Ta sake faɗa.

"Tun da aka haife shi ba ta da sukuni. In ya yi kuka sai ta buɗe hannunsa tana duba yatsu. Mutane na cewa ga shi nan lafiya, ashe ƙarya ce. Ni kuwa na san ba ƙarya ba ce. Na so in faɗa masu, ta ce in na sake tada maganar nan a Darini ba za ta iya fita ko gidan suna ba."

"Gaskiyarta. Ka bar shi."

Ya ciro waya ya nuna mata hoto. Yaro ne mai kumatu, zaune a cikin baho, yana cizon cokali. Goshin mahaifin su Ramlat ne sak. Ta riƙe wayar da hannu biyu, ta kira Muhsina ta zo ta ga ƙaninta. Yarinyar ta leƙa, ta ce ya yi ƙiba, ta koma wasanta.

"Ita ta ce ka zo?"

Muntaka ya sunkuyar da kai. "Ba ta san na zo ba."

Ta miƙa masa wayar.

"Ba ƙin ki take ba, Yaya. In ta gan ki, abin take gani. Haka ta ce mani." Ya juya kofin ruwan a hannunsa. "Yanzu kuma an fara tambaya yaushe za a yi masa ƙani. Ita tana so. Ni in na tuna sai gabana ya faɗi. Da ke ce, ya za ki yi?"

Tambayar da ta daɗe tana jiran wani ya yi mata ke nan. Ta ce, "Abin da na sani na riga na faɗa, ka ga inda ya kai mu. Wanda ya rage ban san shi ba. Ni na zaɓi nawa, ga ni zaune. Ku zauna ku biyu ku yi magana, kada ka yi shiru ka bar ta ita kaɗai da tunani. Wannan kaɗai zan ce maka."

"Kin yi da-na-sani?"

"Wata rana nakan ce da na kama bakina. Wata rana kuma in Muhsina na murƙususu a gabana, sai in ce ko yau aka dawo da ni zan sake hawa babur ɗin nan." Ta gyara hijabinta. "Abin da ya fi ci mani rai ɗiyar Baffa ce. Ita ba ta tambayi kowa komai ba."

"An yi mata miji," in ji shi. "Wani daga Safana. Bayan salla aka kai ta."

Ko wannan ba a faɗa mata ba. Ta ce Allah ya ba su zaman lafiya.

Ya miƙe, ya ce motar Darini ba ta jira in rana ta karkata. Ta raka shi bakin ƙofa. Ya ce in Allah ya yarda wata rana zai kawo su, ta ce Allah ya yarda, su duka biyun sun san ba sa rana aka yi ba. Ya bi lungun da ke fita kasuwa.

Ta koma ciki ta naɗe tabarmar, ta ɗauki kofin. Sai a lokacin ta tuna ba ta tambayi sunan yaron ba. Ta ajiye kofin ta fita da sauri har bakin lungu. Kasuwa na tashi, masu kura na tura buhuna, babura na kutsawa tsakanin mutane, ko'ina riguna da huluna. Ta duba dama ta duba hagu, ba ta gan shi ba. Ta ɗan tsaya a wurin, har wani mai kura ya ce ta ba shi hanya. Ta matsa, ta koma gida ta hura wutar tuwo.